Sau Uku Aka Kira Sunanki

Daga ofishin Babban Alƙali,
zuwa ga Ungozoma, mai ƙarar da ta yi ɓatan dabo.

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa, da fatan kina lafiya. Ya aiki, ya masu jego, ya kuma ciwon bayan nan naki? Allah ya ƙara sauƙi, amin.

Bayan haka, kotu na sanar da ke cewa ƙarar da kika shigar kan Baffanki, wanda ya garƙame shagon ɗinkin marigayi mahaifinki ya ce nasa ne, an kore ta yau da hantsi. Sau uku masinja ya leƙa baranda yana ƙwala sunanki, har mai sayar da ruwa ta taya shi. Shiru kamar an aiki bawa garinsu. Wata bakwai kina sintiri kan bencin nan mai ƙusa ba fashi, sai ranar sauraren shaidunki!

Ƙaninki ya miƙe zai yi bayani, aka ce ba shi ya kawo ƙara ba, ya zauna. Ya kuwa zauna, daidai kan ƙusar.

Baffa ya fito yana gyara hula, yana cewa ai dama ramin ƙarya ƙurarre ne. Bai kai bakin titi ba wayarsa ta yi kuka. Surukinsa ne. Wai 'yar Baffa, wadda haihuwa ta zo wa da gardama tun safe, ta sauka lafiya, namiji. Baffa ya tambayi wa ya karɓi haihuwar. Da aka faɗa masa, sai ya laluɓi dakali ya zauna.

Ashe kin saɓa jaka za ki taho aka shigo da ita asibiti, kika ajiye takardunki kika sa safar hannu. Kina ganin agogo, kin kuma san 'yar waye. Wallahi da ni ne, sai na fara leƙa kotu tukuna.

Magatakarda ya ce ana iya sake shigar da ƙarar, amma kada ki wahalar da ƙafarki. Baffa ya daɗe yana kallon takalminsa, sannan ya ciro wani abu daga aljihu ya damƙa wa ƙaninki, ya ce a kai miki, shi yau ba shi da idon kallonki.

To Yaya, na san tun daga ciwon baya kika gano ni. Wane alƙali zai yi wasiƙa a bayan takardar awon riga? Ni ne dai ƙanin naki da ya zauna kan ƙusa, ɗan autanku. Malam ya sha karanta mana cewa a tunkuɗe cuta da alheri, muna ta gyangyaɗi kan allo. Yau na ga fassarar da idona.

An ce kin kashe waya, kin shige ɗakin ma'aikata kina kuka. Share hawayenki ki girgiza ambulan ɗin. Abin da kika ji yana motsi, mabuɗin shagon Baba ne.

Inna na gaishe ki, ta ce ki ci abinci.

Naki har kullum,
Babban Alƙalin tsakar gida,
Auta