Rigar Modu Ta Ba Da Shaida

Daren Talata, Diffa

Yau mun je gaban alƙali, ni da Modu, kan abincina da na yara. Tun da ya ajiye ni gidan yayata bai aiko ko ƙwayar hatsi ba, alhali igiyar aurensa na kaina.

Wai namiji ke nan! Ya langaɓe kai: "Allah gafarta Malam, tun da aka hana cinikin tattasai ban taɓa buhu ba."

Yana kakkaɓe babbar riga don a ga aljihu wayam, sai ƙurar tattasai ta tashi. Alƙali ya yi ta atishawa har da hawaye. Da ya samu numfashi ya ce ciyarwa dole, tunda Modu bai sake ni ba.

Shekara da shekaru ina wanke rigar nan. Ita kam ta san alheri, ba kamar mai ita ba.