Kujerarmu a Majalisar Kogi

Litinin, 9 ga Oktoba

Sun zaɓe ni kyaftin ɗin matuƙan kwale-kwale mata na kwalejinmu, St Cuthwin. Ba wata nasara ba ce, ni kaɗai na tsaya. Mu biyar muka rage a ƙungiyar. Jirgin tsere kuwa mutum takwas yake ci, da ta tara mai riƙe akala.

Alhamis, 12 ga Oktoba

Na je wurin Dakta Penhaligon, malamar da kwaleji ta ɗora ta sa ido kan ƙungiyar. Ta zuba min shayi, ta faɗa min abin da na riga na sani: duk kwalejin da ba ta fito da jirgi a tseren ƙarshen zango ba, ta rasa kujerarta a majalisar kyaftin-kyaftin, ta kuma rasa wurin ajiye jirginta a rumfar bakin kogi.

“Bethan, ni aikina in tabbatar ba ku nutse ba,” in ji ta. “Sauran, ku ɗalibai ke mulkin kanku.”

Wato ta wanke hannunta.

Laraba, 18 ga Oktoba

Kogi ya cika, an ɗaga jar tutar haɗari, ba mai fita.

Orla Devlin, kyaftin ɗin kwalejin Harlowe, ta same ni ina goge jirgi. Rumfa ɗaya muke da su, amma gaisuwa ba ta haɗa mu. Tun zamanin kakanni kwalejojin nan biyu ba sa ga maciji, ba kuma wanda ya tuna dalili.

“Ku nawa ne?” ta ce.

“Mun isa.”

“Ƙarya kike, na ƙirga takalmanku. Mu huɗu ne. Biyar da huɗu nawa, ke mai karatun lissafi?”

Na ce zan yi tunani. Haɗa jirgi da Harlowe! Mama ta yi wa St Cuthwin tuƙi a zamaninta, filafilinta na rataye a falonmu har yau.

Juma'a, 20 ga Oktoba

Na bi ɗaki-ɗaki neman sabbin ɗalibai. Da sun ji ana fita da sassafe cikin sanyi, sai su rufe ƙofa a hankali.

Talata, 24 ga Oktoba

Na kira Mama. Na zaci za ta yi faɗa. Sai kawai ta ce, “'Yan Harlowe ba su iya tuƙi ba, amma sun iya zuwa kan lokaci.” Sai ta koma zancen karenta.

Litinin, 30 ga Oktoba

Zaman majalisa. Ni da Orla mun kai buƙatar haɗa jirgi. Kowace kwaleji ƙuri'a ɗaya, babba da ƙarama. Doka ta ce kwalejoji biyu ba sa haɗa jirgi sai kashi biyu cikin uku sun yarda.

Rupert Ashcombe na kwalejin Granby ne ya fara miƙewa. Jiragensu sun yi musu yawa, wurinmu yake hange, kowa ya sani. Ya yi dogon jawabi kan al'ada. Ya ce in an buɗe wannan ƙofa, gobe kowa zai tsinci gwanaye daga ko'ina.

Orla ta ce daga kujerarta, “Gwanaye? Rupert, ka taɓa ganinmu a ruwa? Agwagi na wuce mu.”

Aka kwashe da dariya. Ni ban shirya komai ba. Na tashi na ce dokar an yi ta ne don kogi ya zama na kowace kwaleji, ba don ƙananan su mutu ba. Na ce in an kore mu bana, baɗi ba wanda zai koya wa sababbi, shi ke nan an rufe. Na zauna.

Muka tsallake da ƙyar. Sharaɗi: zango ɗaya kawai, kowace kwaleji ta riƙe kujerarta.

Alhamis, 2 ga Nuwamba

Fitarmu ta farko. Abin kunya. 'Yan Harlowe suna jan filafili gajere da sauri, mu dogo a hankali. Jirgin na ta tangaɗi. Nisha, mai riƙe akala, 'yar Harlowe ce, ƙarama, amma muryarta har gada. “Bethan, gida za ki kai filafilin ne? Fito da shi daga ruwa!”

Ba a taɓa yi min tsawa haka ba. Gaskiyarta ce, abin haushin ke nan.

Asabar, 4 ga Nuwamba

Rigima kan riga. Kowa nata launi take so. Aka tashi kowa ta sa tata.

Laraba, 15 ga Nuwamba

Yau, daga gada zuwa kwanar bishiyoyi, jirgin ya daidaita. Filafili takwas, ƙara ɗaya. Har ruwan ana jin yana gudu a ƙarƙashinmu. Nisha ma ta daina tsawa.

Bayan mun fito muka ci burodi da ƙwai a shagon bakin gada. Orla ta cinye rabin nawa ba tambaya.

Asabar, 25 ga Nuwamba

Tsere. Ba mu ci ba, ba mu zo ƙarshe ba. Mun wuce jirgi na biyu na Granby dab da layin ƙarshe. Rupert ya zo ya miƙa min hannu, ya kyauta. Mama na bakin kogi cikin tsohuwar rigarta, na ji tana ihun sunan Harlowe tare da namu. Ta ce kuskuren baki ne.

Kujera ta tsira. Wurin jirgi ma.

Alhamis, 30 ga Nuwamba

Sababbi huɗu sun zo yau, sun ga tseren, suna so su koya. Mun zama tara ke nan, za mu iya tsayawa da ƙafarmu. Dakta Penhaligon ta yi murna, ta ce in sanar da majalisa ranar Litinin cewa haɗin ya ƙare.

Na ce to.

Sababbin ba su iya komai ba tukuna, sai an ba su lokaci. Kuma Harlowe har yanzu su huɗu ne. Ba wai damuwata ba ce.

Na duba dokar dai, don sani kawai. Ba inda ta hana a sake neman zango na biyu.