Bangon da Bai Ga Mama Ba

Yaya,

Gaisuwa mai yawa. Ya yara, ya mai gidan naki? Ina fatan ciwon bayan nan ya sake ki.

Aikin da na shekara ina cika miki kunne da shi ya kammalu. Ɗaki ne mai duhu a gidan baje kolin zane. Akwai kyamara a ciki. Da ta ga fuskar mutum, sai bango ya haska da hoton hannayen mata suna wanki, suna matsa, suna shanya. Hannun Mama ne na farko, har da tabon dutsen guga. Shekara talatin tana wanke zannuwan asibiti, ba wanda ya taɓa kallon hannun nan. Da ƙyar ta yarda na ɗauka, wai me za a gani a hannu kamar busasshen icce. Ran Asabar za a buɗe. Tana ta cewa ba ta damu ba, amma har ɗinki ta bayar.

Ƙanwarki,
Auta

Yaya,

Ina gaisuwa, da fatan kuna lafiya. Ni kam ga ni nan dai.

Mama ta zo da abokan aikinta uku. Na ce su fara shiga. Suka tsaya, bango shiru. Mama ta gyara ɗankwali, ta matsa gaba, har ɗage ta yi. Ko ƙyallin haske babu. Sai wani ɗan jarida ya leƙo, nan take bango ya haska. Wallahi Yaya, ji na yi kamar ƙasa ta tsage in shige.

Injiniyan da ya haɗa min ya ce manhajar da muka ɗauko ba ta gane baƙar fuska mai tamoji a cikin duhu. A kaina da kansa muka yi ta gwaji. Ko sau ɗaya ban kawo Mama ba. Laifina ne.

Na ce a gyara, mai gidan baje kolin ya ce sam. Jaridu sun rubuta wai da gangan na yi, don in nuna na'ura ba ta ganin mata masu aikin ƙarfi. Jama'a sai tururuwa suke. Ya nuna min takardar da na sa wa hannu: ba a taɓa aiki bayan an buɗe, har wata uku. Kowa na yi min barka, na kasa buɗe baki in ce kuskure ne.

Na kai wa Mama hoton a waya, ta ture, ta ce ita a bango aka ce mata. Jiya na tarar da ita a ƙofar ɗakin mai duhun, da jakarta a hammata. Na ce ta zo mu shiga tare, tunda ni ana ganina. Ta ce in je in ji da baƙina, ba sauri take ba, wani zai zo ta bi bayansa. Ina tsaye ina kallo har wanin ya zo.

Don Allah ki kira ta, ni ban san me zan ce mata ba. A shafa min kan yara.

Taki,
Auta