Kada a Sayar wa Masu Tuya Sauran Littattafan Yara

Zuwa ga Mai girma Shugaban Kwamitin Ɗakin Karatun Yara na bayan kasuwa, Malanville.

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa da fatan kana lafiya, kai da iyali da sauran 'yan kwamiti, ni ce Madam Zalika, wadda ta riƙe makullin ɗakin nan shekaru masu yawa kafin ta ajiye aiki. Na yi ta sintiri a biro ɗinka, wato ofishinka, ban same ka ba, shi ya sa na rubuto a fili.

Ga dalili. Ranar kasuwar da ta wuce na sayi soyayyen kifi wurin Inna Fati a bakin tasha. Da na isa gida na kwance ƙunshin, sai na ga shafi ne na "Jakin Mai Albasa", littafin farko da na rubuta. Mai ya jiƙa shi sharkaf, amma hatimin ɗakin karatunmu yana nan. Kifin bai ciwu ba. Na koma na tambaye ta, ta ce mai gadinku ya kawo mata buhu guda, wai an ce a kwashe duk littafin da ya yi dauɗa ko ya yage kafin baƙi su zo daga Kotonu. Ba ta da laifi, takarda ta gani ta saya.

1. Ranka ya daɗe, lokacin da aka ba ni ɗakin nan, duk abin da ke kan kanta daga Turai aka aiko shi: labarin ƙanƙara da yara masu manyan rigunan sanyi. Yaranmu su buɗe su rufe, su koma wasa. Ranar kasuwa kuma matan Gaya, garin da ke tsallaken kogi, su ƙetaro gada su ajiye mini 'ya'yansu har la'asar. Don su zauna wuri ɗaya na fara yi musu labarin abin da suka sani: jakin da ya ƙi hawa kwale-kwale, da dorinar da ta shiga gonar shinkafa. Su suka matsa mini sai na nuna musu labaran a takarda. Haka na zama marubuciya ban shirya ba, shafi ɗaya Hausa, ɗaya Faransanci, aka buga 'yan kaɗan a wata ƙaramar maɗaba'a a Parakou.

2. Ma'aunin da kuka yi aiki da shi a juye yake. A ɗakin karatun yara, littafin da ya yi baƙi a gefe, bangonsa ya yi laushi, shi ne wanda aka karanta. Na leƙa ta taga na ga kantoci tsaf kamar jeren amarya. Na kuma gane abin da ya rage: har da manyan kundayen nan na noman inabi, waɗanda tun zuwansu ko ɓera bai taɓa su ba. Kun fitar da waɗanda yara ke so, kun bar waɗanda suka ƙi.

3. Kai ma shaida ne. Kana ɗan lakwal, wato ɗan firamare, ka ari littafin dorina ka dawo mini da shi da tabon miyar kuka, kana ɓoye shi a bayanka. Na goge shi na mai da shi kanta, kai kuma ka dawo washegari ka ari wani. Ban faɗi wannan don in kunyata ka ba. Na yi farin ciki da aka ba ka kujerar nan, shi ya sa abin ya fi yi mini ciwo.

4. An tabbatar mini akwai sauran buhuna a sito, za a fitar da su kafin ƙarshen watan nan. Maɗaba'ar Parakou ta daɗe da rufewa, mai ita ya rasu, ainihin rubutuna da zanen ba a san inda suka shiga ba. Abin da ya fita daga siton nan ya tafi ke nan.

Don haka ina roƙon a dakatar da fitar da buhunan, a bar ni in zauna in tantance su a gaban wanda kuka yarda da shi. Wanda zai gyaru in gyara shi da zare da ƙaro, kamar yadda na saba, a mai da shi inda hannun yaro zai kai. Ba na neman lada. Idan kuna jin kunyar baƙi su gan su, a ajiye su gidana har su tafi. Kada kuma a ɗora wa mai gadi laifi, umarni ya bi.

Roƙona na ƙarshe na kaina ne. Idan aka tarar da "Jakin Mai Albasa" ko guda ɗaya cikakke, a bar ni in kwafe shi da hannu. Wanda na ajiye a gida, ɗakin karatun nan na ba shi ranar da na miƙa makulli, don na ɗauka ya fi akwatina tsaro. Jikata ta fara haɗa baƙi bana, ta ce in ba ta littafin da na rubuta, shafin kifin nan kaɗai nake da shi.

Allah ya taya ka riƙo, ya sa ka gama lafiya, ya raya mana yaran baki ɗaya.

Wassalam.

Madam Zalika,
tsohuwar mai kula da ɗakin karatu, Malanville.