Kaskon Taliya na Adela

Tanunda,
8 ga Yuni.

Zuwa ga ƙanwata Thekla,

Bayan gaisuwa mai yawa da fatan alheri, ina fata kina cikin ƙoshin lafiya, ke da maigidanki da 'ya'ya da jikoki. Yaya gwiwar taki? Yaya sanyin Toowoomba? Namu ya shigo da ƙarfi bana. Kowace safiya raɓa na daskarewa a kan ciyawa, masu gonakin inabi kuma sun fara datse rassa.

Kafin komai, wajibi ne in gyara labarin da Valma, matar marigayi yayanmu, ta ba ki ta waya, domin na ga ya tayar miki da hankali. Ban ƙona kicin ba. Tawul ɗin goge kwanuka ne ya kama wuta, shi ma a gefe guda, kuma ni na kashe shi da kaina kafin ta shigo. Sa'an nan ba kabeji nake dafawa ba, kamar yadda ta ce. 'Yan kabejin nan ne na Brussels, masu fitowa a jere a jikin kara, waɗanda ake kawowa daga gonakin tuddan Adelaide. Matar da ta tsufa a gidan marigayi yayanmu, manomi ɗan manomi, ya kamata a ce ta san bambancin.

Amma abin da ta faɗa game da matata Adela gaskiya ne, kuma na so a ce daga bakina kika fara ji. Tun da sanyi ya kama ta daina cin abinci a gidan kula da tsofaffin. Kin san yadda mantuwa ta yi da ita tun bara. Yanzu abin ya kai ga idan aka kawo tire sai ta dube shi ta kau da kai, in an matsa ta rufe baki. Zoben aurenta ya fara zamewa daga yatsa. Likita ya zaunar da ni ya ce idan wata ya ƙare ba ta koma ci ba, za su mayar da ita babban asibiti a Adelaide, a sa mata robar abinci ta hanci.

Thekla, nan da sandata nake takawa in je in gan ta kullum. Tun da idanuna suka hana ni tuƙi, zuwa Adelaide ya zama bas zuwa Gawler, sai jirgin ƙasa, sai wata bas. Jikina ba zai ɗauki wannan kullum ba, ita kuma ba za ta fahimci dalilin da ya sa aka ɗaure mata hannu don kada ta fizge roba ba.

Shi ya sa na yanke shawarar in yi mata gasasshiyar taliyar ƙwai da 'yan kabeji, wadda takan yi mana kowane lokacin sanyi. Ban taɓa dafa abin da ya wuce shayi ba, amma na shekara da shekaru ina duba littattafan ɗalibai a teburin kicin tana yi a gabana. Valma ta same ni cikin garin fulawa har gira, ta ce, "Kai Benno, ga taliya can a kanti an cika kanta da ita, ka saya mana ka huta." Na ce Adela ba ta taɓa shigo da taliyar kanti gidan nan ba. Ta ce, "To ai sai ka je ka ɗauko ta ta murza maka, hedimasta." Na ci gaba da cuɗa ƙulluna. Ƙullun ranar ya tafi kwandon shara tare da tawul.

Ki gaishe da kowa. Kada ki taso, tafiyar ta yi wa gwiwarki nisa.

Ni ne yayanki,
Benno Linke.

Tanunda,
19 ga Yuni.

Zuwa ga ƙanwata Thekla,

Gaisuwa mai yawa. Wasiƙarki ta iso, na kuma yi murna da jin an sallami maigidanki daga wurin likitan haƙori lafiya. Ni ma ina nan da sauƙi, sai dai kafaɗu da wuyan hannu, waɗanda na gano ba a halicce su don murza ƙullu ba.

Na gode da shawarar da kika bayar cewa in bar ƙullun ya huta kafin murzawa. Ta yi amfani. Yanzu na iya: gari da ƙwai da gishiri, ba ruwa, a cuɗa har hannu ya gaji, a murza har a hango zanen katakon tebur ta cikinsa. Na shimfiɗa zanen gado mai tsabta a kan gadon ɗakin baƙi na baza faifayen ƙullun su sha iska, sauran na rataya a bayan kujeru, kamar yadda Mama take yi, kamar yadda Adela take yi. Gidan ya koma tamkar ranar wanki. Na rasa inda zan zauna, sai na ci abincin rana a tsaye.

'Yan kabejin na ɓare ganyen waje, na raba kowanne biyu, na soya su da albasa a man shanu har suka yi ja a fuska. Na yayyanka faifayen ƙullun zare-zare, na tafasa taliyar, na haɗa su a tsohon kaskonta mai ruwan ƙasa, na zuba kirim da cuku da ɗan gyaɗar ƙamshi, na barbaɗa garin busasshen burodi, na sa a tanderu. Da ƙamshin ya cika gidan sai da na fita baranda na tsaya cikin sanyi, don ji na yi kamar tana nan gidan kamar da.

Na yanko mata tsakiya, wuri mafi laushi, murabba'i daidai, na sa a robar abinci mai murfi, na kai mata da ɗuminsa. Marisol, nas ɗin da ke kula da ita, ta ɗaga mata gado ta ɗaura mata ƙyalle a wuya, ta ce, "Mama, ga saurayinki ya zo da kayan toshi." Na ɗebo a cokali na kai bakinta. Ta shinshina. Na ga hancinta ya motsa, Thekla, na gani da idona. Sai ta ture hannuna a hankali ta ce, "A'a, ba yanzu ba," ta juya ta fuskanci taga.

Na sake yi, na sake kaiwa. Amsar ba ta canja ba. Na gyara gishiri, na rage cuku, na yanka kabejin ƙanana. Ba yanzu ba. Na tambaye ta sai yaushe, ta dube ni kamar mai tambayar hanya a tasha.

Likita ya ce sun nemi gado a Adelaide. Valma ta ce in haƙura, wai na yi iyakar abin da miji zai yi. Wataƙila tana da gaskiya, ko da yake ban saba ganin haka ba. Na gaji, ƙanwata. Gajiyar ba ta barci ba ce, don ina kwanciya ina tashi da ita. Firji ya cika da taliyar da ba mai ci.

Ki sa mu a addu'a a cocinku.

Yayanki,
Benno.

Tanunda,
1 ga Yuli.

Zuwa ga ƙanwata Thekla,

Bayan gaisuwa da tambayar lafiyarku baki ɗaya, ina fata ruwan da aka ce an tafka a wajenku bai yi muku ɓarna ba. Ki yi haƙuri da rubutuna, hannun ya gaji da murza ƙullu.

Adela tana nan Tanunda. Zan ba ki labarin yadda ya faru, kafin Valma ta riga ni ta ƙara masa gishiri.

Ranar Lahadin da ta wuce na yi niyyar gasa kaskon taliya na ƙarshe. Na makara, na kuma bar shi a tanderu fiye da ƙa'ida har gefen ya yi baƙi-baƙi. Da na fito da shi, na nemi ƙarfin yankawa da juyewa da wanke roba na rasa. Sai na ɗora kaskon gaba ɗaya a kan tawul, na ƙulle kusurwoyin a sama, yadda matanmu ke kai abinci walimar coci, na jefa babban cokali da faranti a jaka, Valma ta sauke ni a mota tana mitar zan ɓata mata kujera.

Marisol na can wani ɗaki, ba wanda ya ɗaura mata ƙyalle. Na ajiye kaskon a kan teburin gadonta don in huta, na zauna ina haki. Ina ɗaga kai sai na ga yatsunta a kan ƙullin tawul. Ta kwance shi da kanta. Ta dubi kaskon, ta dube ni, ta ce, "Ina farantinka?"

Na miƙa mata. Ta karɓi babban cokalin, ta zuba mini har ya yi tozo. Ta ce, "Yi addu'a mana, bawan Allah, ko a gidanku ba a yi?" Na yi wadda muke yi tun muna yara. Ta harɗe hannu tana kallona. Na fara ci. Duk lokacin da na sassauta sai ta ce, "Ci, aiki na jiranka a gona."

A nan na gane ba ta san ni ba. Ta ɗauke ni ɗaya daga cikin masu tsinkar inabi da suke ciyarwa a gonar mahaifinta. A nan kuma na gane ma'anar ba yanzu ba. Kin san tarbiyyar gidajenmu: mai girki ba ta ci sai ta sallami kowa, sa'an nan ta ja kaskon gabanta ta kankare ƙanzo. Haka Mama ta yi, haka Adela ta yi a teburina duk tsawon aurenmu. A gidan tsofaffin kuwa ita ake fara kawo wa, ita kaɗai, ba wanda za ta zuba wa. Ni ma na je na ƙara mata da cokali a baki.

Da na share farantin, ta jawo kaskon ta fara kankarar gefen da ya ƙone. Ta ci. Ba da yawa ba, amma ta tauna ta haɗiye, ta koma ta tsinci 'yan kabejin da suka manne a kusurwa. Marisol ta leƙo, ta gani, ta koma da baya ta ja ƙofa.

Can Adela ta ɗago zaren taliya ɗaya ta duba shi a hasken taga. Ta ce, "Wa ya murza wannan?" Na ce ni ne. Ta ce, "Ta yi kauri. Ka yi sa'a mijina ba ya nan. Mutum ne mai tsirfa, da ya sa maka jan biro." Na ce na ji labarinsa. Ta ce, "Amma ba ya barin komai a faranti. Kai ma na ga haka kake."

Likita ya janye maganar Adelaide zuwa wani lokaci. Bai yi alkawari ba, ya ce za su ci gaba da auna ta. An amince in riƙa kai kaskon da rana, kuma idan nawa ya ƙare, masu kicin ɗinsu za su zuba nasu abincin a ciki. Sharaɗin dai ɗaya ne, kuma ita ta gindaya shi: sai na ci, sai na cinye. Saboda haka kullum ina zaune gaban matata a matsayin baƙo, ina cin tozon taliya da 'yan kabeji, ina komawa gida in cuɗa wani ƙullun. Ban san tsawon lokacin da kafaɗuna za su kai ba. Ban san nata ba. Gobe dai akwai ƙwai a gida.

Ki gaishe da maigidanki da yara. Allah ya bar zumunci.

Tare da wannan wasiƙa na sako miki abubuwa kamar haka. Hoton da Marisol ta ɗauka ba da sanina ba. Wanda ya sunkuya a kan faranti ni ne, mai hararar kuwa kin san ta. Zaren busasshiyar taliya guda uku a cikin takarda, ki duba ki gaya mini tsakaninki da Allah ko ta yi kauri, don ni a ganina ba ta yi ba. Na so in haɗa miki da ɗan ƙanzon ki ɗanɗana, amma yau kaskon a kankare ya dawo.

Ni ne yayanki mai ƙaunarki,
Benno Linke.