Babanka Ya Neme Ka a Fili

Tarrangil,
Ranar Talata.

Zuwa ga ɗana Rowan,

Gaisuwa mai yawa daga gare ni da duk mutanen gida, da fatan takardar nan za ta same ku lafiya, kai da Ingrid da jikata Solveig. Allah ya ƙara muku lafiya, ya tsare ku daga ruwan saman nan na Bergen da kake cewa ba ya ɗaukewa. Mu nan sanyi ya fara ja da baya, alkama ta yi kyau, tumaki sun haihu har da tagwaye. Tsuntsayen nan masu kai wa mutum sara a ka ma sun dawo bakin aikinsu, jiya sai da suka kore ni daga wajen shanya. Ƙanwarka Bronwyn tana lafiya, tana nan da aikin asibitinta da faɗanta. Na san za ka ce me ya hana ni kiranka a waya. Na ɗauke ta ya fi a ƙirga, amma babanka yana gida, kunnensa kuwa garau yake, kuma maganar nan idan na ji ta da muryata ba zan iya ƙarasa ta ba.

Ka dai ji cewa mun kai wasan ƙarshe a gasar ƙwallon nan tamu ta Ostiraliya da ake cafewa da hannu. Gari ya rikice, an shafe tagogin kantuna da shuɗi da rawaya, har karnuka an ɗaura wa ƙyalle. Rabonmu da kofi tun babanka yana kyaftin, kana rarrafe. Duk inda na bi sai a tare ni ana yi mini barka, wai matar koci ta kusa shan shagali, ni kuma in yi ta murmushi kamar gaske. Tsoro nake ji, Rowan, irin wanda ban taɓa ji ba.

Kai ba ka ga wasansa ba sai da ƙafa ta fara gajiya. Lokacin da babban kulob ya ɗauke shi zuwa Melbourne, ba shi da tsawo, ba shi da gudu. Abu ɗaya ya sa aka san sunan Graeme: idan ƙwallo ta tashi sama, zai bi ta da baya da baya, ido a sama, alhali ya san ƙarti suna tahowa a guje ta bayansa, kuma ba zai waiwaya ba. Ina zaune cikin 'yan kallo ranar da aka fitar da shi ranga-ranga, aka shaƙa masa wani abu a hanci, ya koma ya ci ƙwallo biyu. Washegari bai san ya ci ba, sai a jarida ya gani. Shekara da shekaru yana ba da labarin nan a wajen walima ana dariya, ni ma har da ni. Irin wannan faɗuwar ban san iyakarta ba kafin gwiwa ta dawo da mu gida ya kama horar da yaran garin nan.

Tun bara na fara ganin abubuwa, ina kawar da kai. Ya bar ƙofar garke a buɗe, ya kira kare da sunan wanda muka binne tuntuni, ya daka mini tsawa a kan cokali, mutumin da bai taɓa ɗaga mini murya ba. Bronwyn ta samo masa ganin likitan ƙwaƙwalwa a birni, ya ce wai ita da likitan su jira a gama kakar wasa, shi ba ya barin yara a tsakiyar tafiya.

To, ga abin da ya faru ranar Asabar. An tafi hutun ƙarshe ana binmu da ƙwallo biyu, jama'a suka fito daga motoci suka shiga fili kamar yadda aka saba, aka kewaye 'yan wasa don a ji abin da koci zai ce. Ni ma na kutsa da kofin shayina. Ya fara lafiya lau, muryar nan tasa tana tashi, yana buga tafin hannu. Can sai na ji ya dubi wani yaro ya kira shi Col, ya ce ya daina tsayawa kamar turken shinge. Ka san Col abokin wasansa ne, kuma babanka yana cikin waɗanda suka ɗauki akwatin gawarsa. Ya bi yaran ɗaya bayan ɗaya da sunayen mutanen da suka yi wasa tare, wasu suna tsaye a wurin da furfurarsu da jikokinsu. Daga nan ya ce duk wanda ya samu ƙwallo ya ɗaga ta sama wajen Rowan, yaron ba ya saki. Ya shiga waige-waige yana leƙa fuskoki, yana tambaya ina ka shiga. Duk garin nan yana tsaye, ba wanda ya yi ko tari. Kyaftin ɗinsu ne ya ce sun ji, koci, za a ba Rowan, ya ja yaran suka koma. Suka kuma ci wasan, motoci suka yi ta danna hon.

Lindsay, shugaban kulob, wanda shi ma tare suka yi wasa, ya same ni a ɗakin shayi ina wanke kofuna. Wai in kwantar da hankalina, ai Graeme ko cikin barci ya fi su duka sanin wasa, ni ce dai da shegen tsoro tun muna 'yan makaranta. Ya ce a rufa maganar zuwa bayan wasan ƙarshe, shi zai tsaya kusa da shi, yaran ma sun san abin yi. Yana faɗa yana share ido da hularsa, shi ya sa ban zage shi ba. Amma ranar nan ba mu kaɗai ba ne, duk yankin zai zo, da mutanen da ba su san ko wane ne shi ba balle su yi masa kara. Ina tsoron ya tsaya a tsakiyarsu ya rasa inda yake. Ina kuma tsoron in aka karɓe aikin nan daga hannunsa, ba abin da zai sake tashinsa da safe.

Abin da ya sa na zauna rubutu shi ne maganar da muka yi a mota. Ni nake tuƙi, da muka wuce rumbunan alkama sai ya tambaye ni me ya sa ba ka buga ba yau. Na ce ai kana Norway da iyalinka, ka bar wasa tun kana ɗan sha tara. Ya ce ka yi daidai. Ya ce yana tuna ranar da aka buge ka a ka, kana tafiya kana tangaɗi, wani mara imani ya tura ka ka koma fili, da ka ƙi kuma ya kira ka matsoraci a gaban mutane. Ya ce in faɗa masa ko wane ne, yana da magana da shi. Rowan, na riƙe sitiyari na ce na manta, na kasa gaya masa shi ne. Ban sani ba ko na kyauta.

Ban taɓa sa baki tsakaninku ba, kuma ba na cewa ka yafe abin da ba ka shirya yafewa ba. Roƙona ɗaya ne, ka zo wasan nan, Asabar ta sama. Idan an shiga fili lokacin hutu ka tsaya a gaba, inda in ya waiga zai gan ka. Ranar Litinin kuma ka taya ni da Bronwyn kai shi wajen likita, don na tabbata in kai ka ce ya shiga mota zai shiga.

Ka gaishe mini da Ingrid da iyayenta, ka sumbaci Solveig, ka ce mata rigar sanyinta saura hannu ɗaya. Bronwyn da mijinta suna gaishe ku, haka ma gwaggonka Merle. Babanka bai san na rubuto ba, amma yau da safe ma ya fito da takalmanka na wasa ya goge su. Ka zo tun yana nemanka da suna.

Allah ya kawo ka lafiya.

Mahaifiyarka,
Glenys