Hanzala, Sunan da Na Ƙi Faɗa

Alhamis, 8 ga Mayu

Yau suka bari na gan shi. An turo ni a keken marasa lafiya har ƙofar ɗakin jarirai, na wanke hannu har gwiwa, aka ɗaura mini wata riga kamar ta mahauta. Yana cikin kwalba, tsirara, sai ɗan nafkin da ya kusa kai masa hammata. Bakwaini. Ni da kullum nake kan sikeli, da ido kawai na san bai kai nauyin fulawar da nake kwaɓa kek ɗin biki guda da ita ba.

Sista mai tabarau, wadda ke kula da ɗakin, ta ce in zura hannu ta 'yar ƙofar kwalbar in taɓa shi. Na ce sai gobe. Ta dube ni ta saman tabarau. Ba ta san na yi ɓari biyu kafin wannan ba, ni kuma ban ga dalilin faɗa mata ba.

Asabar, 10 ga Mayu

Maigida ya zo daga shago, hannunsa duk baƙin mai na firjin mutane. Ya zauna a bakin gado yana ta kame-kame, sai na san akwai magana. Wai ya bar wa Baba zaɓin suna.

"Shi ya rene ku shi kaɗai bayan rasuwar Umma," in ji shi. "Kuma wannan ne jikansa namiji na fari. Ai ya cancanta."

Na ce haka ne. Har cikin raina na ji daɗin karamcin. Amma ni fa ina da nawa a ɓoye, Basim, mai murmushi. Shekara nawa ina rubuta sunayen 'ya'yan mutane da sukari a kan kek, na san wanda ke da daɗin faɗa da wanda ke cika baki. Ban gaya wa kowa ba, ko shi yaron ban kira shi da shi ba. Na dai ɗauka Baba zai sa sunan mahaifinsa, ko na wani Annabi, in yi masa lakabi da nawa, kowa ya huta.

Talata, 13 ga Mayu

An raɗa suna, ba taro, ba komai, yaro na kwalba. Maigida ya shigo yana murmushin da bai kai ido ba.

"Hanzala," ya ce.

Na ce wa?

Babu mai wannan suna a danginmu, babu a nasu. Yana fita na ɗauki waya na bincika. Da ma ban duba ba. Daga hanzal ne, wata irin guna ta sahara, mai yaɗo a kan rairayi, 'ya'yanta kamar ƙananan kankana, gwanin sha'awa a ido. A ciki kuwa ɗaci ne tsagwaronsa, har Larabawa na buga misali da ita in suna son su ce abu ya kai maƙura wajen ɗaci.

To madalla. Mai kek ta haifi ɗaci. Ɗan da na sha wuyar nan a kansa, aka tsaga ni aka ciro, mahaifina ya duba duk sunayen duniya bai ga wanda ya dace da shi ba sai wannan. Raina ya ɓaci ƙwarai, kuma ba na jin kunyar rubutawa.

Laraba, 14 ga Mayu

Ban faɗi sunan ba, kuma ba zan faɗa ba.

Juma'a, 16 ga Mayu

Baba ya zo bayan masallaci da ledar lemo. Ba a barin kowa shiga sai iyaye, sai ya tsaya ta bayan gilashi, hannu a baya, kamar yadda yake tsayawa yana duba tayar babbar mota lokacin yana tuƙi. Ya daɗe a haka.

Na daure na ce, "Baba, ka san ma'anar sunan nan kuwa?"

"Na sani."

Na jira.

"Shi ke nan, Baba?"

"Sha lemonki, Auta, ki samu ruwan nono."

Baba kenan. Ya ce ƙarar inji ta kashe masa kunne ɗaya, amma tun muna yara mun gane kunnen yana zaɓen abin da ba zai ji ba. Na ɓare lemon ina huci, shi kuwa ya koma kallon gilashi.

Lahadi, 18 ga Mayu

Yaya ta bugo. Ita ma sunan bai kwanta mata ba. Ta ce ai ana canzawa, Manzon Allah da kansa ya canza wa mutane sunayen da ba su da kyau. Na cafke maganar kamar mai nutsewa ya samu igiya, na tasa maigida a gaba sai da ya je ya tambayi malaminsu.

Ya dawo da bayani buhu guda. Wai sunan ya girmi Musulunci. Larabawan dauri haka suke yi, su sa wa ɗa namiji Dutse, ko Zaki, ko wannan gunar. An ce an taɓa tambayar wani mutumin ƙauyensu me ya sa suke ba 'ya'yansu sunaye masu kaushi, bayinsu kuma masu daɗi, sai ya ce 'ya'yanmu don maƙiyanmu muke sa musu suna, bayinmu kuwa don kanmu. Kuma wai akwai sahabbai masu sunan, ba a canza musu ba. Ɗaya ma ango ne, ya fita yaƙi ya yi shahada, mala'iku suka yi masa wanka.

Na ce, "Ɗana na kwance da roba a hanci, kai kuma labarin wanda ya rasu da ƙuruciya ka kawo mini?"

Ya hau murza hularsa. Na san ban kyauta ba, bawan Allah aikensa na yi. Amma wane maƙiyi ne da jaririn da ko kuka bai iya da ƙarfi ba?

Litinin, 19 ga Mayu

Ashe bakwaini mantawa yake ya yi numfashi. Yau na gani da idona. Na'urar da ke gefensa ta hau ƙara, Sista ta zo ba gudu ba, ta zura hannu ta ɗan murza masa tafin ƙafa tana yi masa magana, sai ga ƙirjin ya ɗaga.

Ta ce in koya, don wata rana ni ce a kusa. A murza ƙafa, a shafa baya, a kira shi da ƙarfi. "Sun san muryar uwa tun suna ciki," in ji ta. "Ki riƙa kiran sunansa."

Na taɓa shi yau, karo na farko. Fatarsa kamar ta saman madara. Na ce, "Kai. Kai, yaro."

Maman 'yan biyu, wadda kwalabenta ke kusa da tamu, ta kwashe da dariya. "Kai? Sai ka ce ɗan maƙwabta ya shigo miki gida ba sallama!" Ita tana da baki, nata kullum cikin kirari suke. Na yi dariya ni ma, don kada ta ƙara tambaya.

Laraba, 21 ga Mayu

Wata ta bugo tana son kek na suna ranar Asabar. Na ce ina asibiti. Ta ce Allah ya raya, me aka samu, wane suna? Na ce layin ba ya da kyau.

Alhamis, 22 ga Mayu

Ƙaramin 'yan biyun ya koma da hantsi. Inna lillahi wa inna ilaihi raji'un. Jiya-jiya uwar take yi masa kirari. An kashe fitilar kwalbarsa, an goge ta, kafin azahar har an sa wani.

Na fito baranda na zauna a benci. Ban san Baba ya iso ba sai da na ji bencin ya motsa. Bai yi mini wa'azi ba. Can sai ya fara magana, idonsa na kan bango.

Wai yana saurayi, farkon fara tuƙinsa, mota ta mutu musu shi da abokin tafiyarsa a tsakiyar rairayi, ruwa ya ƙare. Ya hango wasu 'ya'yan itace kore shar a ƙasa, inda ko ciyawa babu. Ya ɗauka kankana ce Allah ya aiko masa. Ya fasa ya kai baki.

"Auta, har yau in na tuna sai yawu ya taru mini. Na tofar, na tofar, na goge harshe da riga. Abokin tafiyata yana ta dariya, ya ce wannan ai ko akuya sunsunawa take ta wuce. Shi ya gaya mini sunanta. Duk shekarun da na yi ina bin hanyar nan, komai na wurin ya bushe, ita tana nan."

Na ce to sai aka yi yaya, don har lokacin ina cike da shi.

"Biyun can na farko, tun suna ciki kike kiransu da sunaye masu zaƙi. Ina jin ki, kunnen nan ba duka ya mutu ba." Ya share fuska da tafin hannu. "Wannan na ce a sa masa wanda duk abin da ya kai masa baki zai tofar."

Na ce, "Baba, suna ba ya hana ajali."

"Na sani. Ni na binne uwarku, wa zai gaya mini? Ni ba malami ba ne, Auta. Addu'ar da na iya ke nan."

Sai ya tashi wai zai je ya duba ko an ɗauke masa babur. Bai zo da babur ba, a motar haya ya zo.

Juma'a, 23 ga Mayu

Ina ta tunanin mutanen nan na dauri. Da na ɗauka taurin zuciya ne ya sa uba zai dubi jinjiri ya ce masa Dutse. Yanzu ina ganin tsoro ne. Mutum na zaune inda yara ke mutuwa kamar kaji, ba likita, ba kwalba, abin da ke hannunsa kaɗai shi ne abin da zai kira yaron.

Ni kuma nawa tsoron ya bi ta wata hanya. In ban kira shi ba, kamar bai gama zama nawa ba, in aka karɓe ba zai yi zafi kamar na baya ba. Ƙarya nake yi wa kaina, na sani. Amma sunan dai har yanzu ɗaci ne, wannan ba ta canza ba.

Asabar, 24 ga Mayu

An ciro shi an ɗora mini a ƙirji, fata da fata, aka lulluɓe mu da zani. Sista ta ce ɗumin uwa ya fi na lantarki. Yana da wani ɗan gurnani kamar na kyanwa. Kunnensa na Baba ne sak, Allah ya sa dai nasa ya riƙa jin magana.

Maigida ya ce in har raina bai kwanta ba, shi zai je ya durƙusa gaban Baba ya nemi a canza, malam ya ce babu laifi. Na ce a bari mu fita daga nan tukuna.

Talata, 27 ga Mayu



Da rana ne, yana kwance a ƙirjina. Sista ta leƙa ɗaya ɗakin. Ina jin ɗan motsin cikinsa a jikina, sama, ƙasa, sama, ƙasa. Sai na daina ji. Na buɗe zanin, leɓensa ya fara canza launi. Na'ura ta hau ƙara. Na murza ƙafar, ba komai. Na shafa baya, ba komai. Ya yi laƙwas kamar tsumma.

Daga nan ban san me na yi ba. Na dai ji ya ja wani dogon numfashi, ya tsandara kukan da bai taɓa irinsa ba, fuska jawur, ransa a ɓace kamar an tashe shi daga barci mai daɗi. Sista ta iso ta karɓe shi ta duba, ta ce ya dawo, na yi daidai.

Maman 'yan biyu ce ta riƙe ni. Ita da ta binne nata kwanan nan, ita ke shafa mini baya.

Laraba, 28 ga Mayu

Wai har baranda an ji muryata jiya. Sista ta ce sunansa na yi ta kira, ba sau ɗaya ba, ba sau biyu ba. Maman 'yan biyu ta ce, "Ashe kin iya faɗa, kike ta wahalar da mu da kai-kai." Ni dai ban tuna ba. Su suka ce.

Maigida ya sake tayar da maganar zuwa wurin Baba. Na ce ya bar tsoho ya huta, mutum da hawan jini a riƙa kai masa maganganu. Ya dube ni, na dubi bango. Ban ce ina son sunan ba, kada wani ya yi mini sharri.

Likita ya ce in aka ci gaba haka za a cire robar hanci a ƙarshen mako. Baba zai zo ranar Juma'a, na ce a gaya masa ya daina kawo lemo, ya ishe ni, ayaba nake so.

Hanzala ya shanye nonon da na tatsa tas yau, ya kuma yi mini fitsari a zani.